Randar Kaka Marta

Dokgol, bayan bikin girbi na Chuseok, 1983

Dal-ho,

"Yaya, aron wata ɗaya ne kawai. Kafin Chuseok zan dawo da ita da kaina, kuma ko ruwa ba wanda zai shafa mata sai ni." Kai ka faɗi wannan, kana durƙushe a gaban Inna, bakinka cike da wainar da ta soya maka. Chuseok ta zo ta wuce. Mun hau dutse mun nome ciyawar kabarin babana da na ƙaninsa, wato mahaifinka, ni da Inna da sandarta. An yi musu addu'ar Mas, an girbe shinkafa, barkono ya bushe a kan rufi an sauke. Kai ba ka zo ba, randar ma ba ta zo ba.

Tunda an ba ni tarbiyya, bari in gaishe ka. Ina fata kana lafiya, da uwar Mi-ran da yaran. Inna tana nan, gwiwar ce dai, kuma idon hagu ya ƙara dushewa. Ni kuwa ƙalau nake, ina koya wa 'yan mata tarihin da ba sa saurara.

Ka san dandamalin randunan da ke bayan ɗakin girki. Kowace safiya Inna tana fita da tsumma ta shafe su ɗaya bayan ɗaya tana addu'a a hankali. Idan ta zo inda randar Kaka Marta take, sai ta tsaya da tsumman a hannu tana kallon zoben da gindinta ya bari a kan dutse. Da ta yi faɗa da ya fi mini sauƙi. Tsohon ganjang ɗinmu, ruwan waken soyan nan na miya, wanda ake ɗiba a zuba cikin sabo kowace shekara tun zamanin kakar iyayenmu, yana zaune a randar aro ta Susana matar mai injin niƙa. Inna ta ce ɗanɗanonsa ya fara sauyawa. Na ɗanɗana ban ji komai ba, amma ba ni ce zan yi gardama da harshenta ba. Kuma Susana ta fara tambayar lafiyar kabejinmu sau biyu a rana, ka dai san me take nufi: lokacin haɗa kimchi, kabejin yaji da ake tsimawa a randa, ya kusa, tana son kayarta.

Duk wannan da na haƙura. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne jaridar coci ta wannan mako. Fada ne ya tare ni a ƙofa bayan Mas, yana murmushi, ya ce in zo in ga ɗan'uwana ya zama babban mutum. Ga ka nan a shafi na uku, da hular masu zane a karkace, ka yi ƙiba, an rubuta a ƙasa wai kai ne mai tsara duk abin da ido zai gani a fim ɗin Kaka Marta mai shahada, wanda ka ari randar dominsa. Hannunka yana kan wata randa baƙa ƙirin kamar an ciro ta daga murhu, a jikinta an zana farin gicciye mai girman ƙofar ɗaki. Girmanta da kafaɗarta na randarmu ne.

Na ɓoye jaridar a ƙarƙashin takardun jarrabawa don kada Inna ta gani. Fenti ne, Dal-ho? Kai ɗan magina ne, ka san randa tana numfashi, ka san idan aka toshe mata jiki da fenti ta mutu, sai dai a shuka fure a ciki. Ka amsa mini wannan kafin ka fara ba ni labarin wahalar aikinka.

Yayarka,
Bang Gum-rye Agata

*

Daga wurin ɗaukar fim, tsaunukan Gangwon

Yaya Agata,

Gaisuwa da ban girma. Ki miƙa wa Inna Babba gaisuwata, ki ce ina durƙushe daga nan. Na saya mata maganin gwiwa na liƙawa, zan zo da shi. Iyali suna Seoul lafiya, Mi-ran ta shiga ƙungiyar mawaƙan coci, ita ce ta fi kowa ƙarfin murya da rashin bin kiɗa. Ni ma lafiya, ban da tari. Ƙibar da kika gani riga biyu ce na saka.

Ki kwantar da hankalinki. Wadda ke cikin jarida ba tamu ba ce. Bari in gaya miki abin da ya faru, za ki yi dariya ko da ba kya so.

Ranar farko da muka kunna fitilu a kan randarmu, darakta ya leƙa ta kyamara ya ɗago ya ce wane ɗan iska ne ya sayo masa sabuwar randa daga kanti. Na ce masa ta girmi kakansa. Ya ce, "Malam Bang, ni ba ruwana da shekarunta, a idon kyamara jabu ce." Kuma yana da gaskiya, Yaya. Inna Babba ta shafe ta shekara sittin, tana ƙyalli kamar madubi. Abin gaskiya sau da yawa ba ya kama da gaskiya a majigi, sai an taimaka masa, kuma wannan taimakon shi ne sana'ata.

Saboda haka na je wurin wani magini da har yanzu yake da matoya irin ta da, na zauna a kansa har ya gina mini guda uku, tsawo ɗaya, ciki ɗaya, da shafen ruwan toka irin namu. Ni da kaina na ja yatsa a jikinsu kafin a toya, na kwaikwayi ganyen ciyawar da ke kafaɗar tamu. A kan ɗaya daga cikinsu aka zana gicciyen, da farar ƙasa, don mai ɗaukar hoton jarida ya ce mutane ba za su gane ba sai sun gani. An goge shi tuni. Tamu na sa mata alamar alli a gindi, kuma kyamara ba ta matsowa kusa sai a kanta.

Abin da ya tsayar da mu shi ne fitowar ƙarshe, inda sojojin sarki za su shigo ƙauyen su kama Kaka Marta su farfasa randuna. Randarmu tana cikin wannan fitowar. Darakta ya rantse ba zai ɗauke ta ba sai a kan dusar ƙanƙara ta gaske, don haka muna nan muna kallon sama kamar manoma.

Yaya, kin san inda na fito. Na fara da zanen fuskokin 'yan wasa a allunan sinima, ina rataye a kan tsani. Daga nan na yi shekara ashirin ina gina ɗakunan matan banza da maɓoyar 'yan daba da katako da takarda, fim ya fita ba wanda ya san sunana, ni ma ba na so a sani. Wannan ne na farko da zan kai 'ya'yana su gani. Na gina ƙauyen kakanninmu gaba ɗaya a gangaren dutse, har da matoya mai hayaƙi. Wani tsohon Fada da ya kawo ziyara ya shiga ɗakin da na yi wa Kaka Marta, ya cire takalmi ba wanda ya ce masa. Ana maganar wasu finafinai biyu a kan shahidai bayan wannan, kuma sunana ake ambata. Ki ƙara mini haƙuri zuwa dusar farko.

Ƙaninki,
Dal-ho Damiyano

*

Dokgol

Dal-ho,

Muna lafiya, ina fata tarin ya sake ka. Ka sha ruwan citta. An gama gaisuwa.

Na karanta takardarka a tsaye a ofishin malamai, na zo kan "su farfasa randuna, randarmu tana cikin wannan fitowar," sai na ja kujera na zauna. Na sake karantawa a gida, na ga mai yiwuwa ba haka kake nufi ba. Mai yiwuwa. Kai mutum ne da ya iya rubuta shafi biyu a kan takalmin wani Fada amma ya kasa rubuta layi ɗaya da ke cewa ba za a fasa ta ba. Rubuta mini wannan layin.

Sai maganar gicciye, tunda ka ce in yi dariya. Ban yi ba. Kakanninmu sun bar gonakinsu sun shiga duwatsu sun zama magina don kada a gane su. Mijin Kaka Marta ya ja yatsa a ruwan toka, ganye uku sun kwanta, biyu sun gitta juna kamar gicciye. Ɗan sandan sarki ya duba ya ga ciyawa, Kirista ya duba ya san gidan da zai nemi ruwa. Wannan ɓoyon shi ya raya su shekaru. Da sun zana abin da ka zana wa mai jarida, da an yanka su tun ranar kasuwa ta farko, da babu ni babu kai. Na karanta duk abin da aka rubuta a kan shekarar kamun Kiristoci, har da bayanan kotu, ban ga inda wani ya yi tallan kansa ba. Amma na manta, ku a wurinku gaskiya sai an taimaka mata.

Inna ta tambaye ni me ka ce. Na ce kana gaishe ta kuma kana jiran ƙanƙara. Ta ce, "Ƙanƙara kuma? Shi da ko safa ba ya iya ajiyewa biyu iri ɗaya."

Agata

*

Dokgol

Dal-ho,

Shiru. An sare kabeji, an yi kimchi a gidaje uku na layinmu, ban ga takardarka ba. Susana ta karɓi randarta, da kunya da komai, na mayar da ganjang ɗin cikin ƙananan tuluna guda biyu kamar ɗan gudun hijira. Na je gidan waya na kira ofishinku na Seoul. Wata murya mai taunar cingam ta ce duk ma'aikata suna dutse, ba waya a can, ko ina son in bar saƙo. Na ce ta gaya maka yayarka tana tambaya ko kana da rai.

Jiya da safe na ga raɓa ta daskare a kan murfin randuna. Nan kwari ne. Ku kuna sama. Ina shiga aji ina fita ina duban arewa, har yara sun fara duba tagar tare da ni. Idan an riga an fasa ta, ka faɗa mini, in san irin ƙaryar da zan shirya wa tsohuwa.

Agata

*

Gangwon

Yaya,

Ina gaishe ki, ina gaishe da Inna Babba. Jikina lafiya. Takardunki biyu sun iso tare a motar kayan abinci, amma ba zan ɗora wa hanya laifi ba, ko da sun zo da wuri ban san me zan rubuta ba.

Ba a fasa ta ba. Ƙanƙara ba ta sauka ba tukuna. Wannan shi ne layin da kika nema. Saura kuma ki zauna kafin ki karanta.

A labarin, kamar yadda muka ji shi tun muna yara, sojoji sun fasa duk randunan gidan sai ɗaya, wadda ɗan Kaka Marta ya goya ya tsallaka dutse da ita. Haka za a ɗauka: huɗu a jere a tsakar gida, a fasa uku, ɗaya ta tsira. Tsarina shi ne ukun da na sa aka gina su sha guduma, tamu ta tsira a fim kamar yadda ta tsira a duniya. Na ɗauka kyauta ce zan yi wa gidanmu.

Na sauka Seoul neman tufafin sojoji. Kafin in tafi na bar wa mutanena umarnin da nake bayarwa kullum: duk abin da ke ƙyalli a tsakar gidan nan a kashe shi. Suka bi umarnina. Suka shafe huɗun da kunkunniya da laka da ruwan shinkafa. Ba fenti, Yaya, na rantse, ruwan ɗumi zai wanke shi. A wannan makon aka yi ruwan sama mai ƙarfi, tsakar gidan ta cika, suka kwashe randunan zuwa rumfa, da gari ya washe suka mayar. Allin ya tafi.

Za ki ce in sunsuna. Ni da hannuna na zuba ragowar ganjang da gishiri a cikin sababbin tun farko, don bakinsu ya yi fari kamar na tsohuwa. Duk warinsu ɗaya. Na ƙwanƙwasa su, na ɗaga su, na kwanta a ƙasa na leƙa gindinsu har ma'aikata suka fara tambaya ko sabuwar ibada ce. Na ɗauko maginin, ya zagaya su ya ce a wanke masa su tas a fito da su rana, wataƙila ya gane nasa. Na je wurin darakta. Ya ce an riga an ɗauki rabin fitowar da wannan lakar, kowane ɗigo yana cikin hoto, idan aka wanke aka sake shafawa ba zai dace da na baya ba, kuma ba shi da fim ɗin sake ɗauka. Na ce to a fasa na bogi, na farar ƙasa. Ya ce yana son ƙarar randar gaske da tsinin ɓallinta a kan ƙanƙara. Ya ce, "Ka zaɓi ɗaya, Malam Bang, ai kai ne jikan. Jini zai gaya maka." Ba ba'a yake yi ba, shi ya sa abin ya fi ciwo. Gina wasu ba zai yiwu ba, kafin su bushe a toya hunturu ya yi nisa.

Idan na ɗauke su daga tsakar gidan, na tsayar da fim ɗin mutane, kuma a unguwar 'yan fim labari ba ya kwana. Ba wanda zai sake ba ni ko allon sinima.

Zuciyata ta fi kwanciya da ta biyu daga hagu. Amma ke kin rayu da ita. Akwai wani tabo, ko ɓalli a baki, ko tsaga, wanda yatsa zai ji ta cikin laka? Ki tuna mini. Kuma don Allah kada Inna Babba ta ji.

Dal-ho

*

Dokgol

Dal-ho Damiyano,

Muna lafiya. Na ji daɗin jin cewa kana da rai, don ina da amfani da kai.

Ka tambaye ni tabo. Na zauna na rufe ido na nema. Babu. Tun ina rarrafe nake ganin randar nan, kuma abin da na sani game da ita shi ne ita ce ta uku daga bango. Ka ɗauke ta daga wurinta, ka ɗauke abin da na san ta da shi. Ko da na tuna wani abu ma ba zan ba ka ba, don ka je ka shafa laka da yatsa ka ce wa kanka ka ji, sannan ka ɗora mini rabin laifin. Zuciyarka ta kwanta da ta biyu daga hagu. Zuciyar nan taka ita ce ta kwanta da alli a inda ake ruwan sama.

Na gaya wa Inna. Randarta ce, ba tawa ba, ba taka ba. Na karanta mata takardar duka tana tsince wake, ban tsallake komai ba. Na zaci za ta yi kuka. Ta tambaya ko sababbin ukun an toya su da kyau, na ce haka ka ce. Ta tambaya ko suna yoyo, na ce ban sani ba. Ta ci gaba da tsintar wakenta, can ta ce, "To me ya sa za a fasa randa mai kyau? A kawo su duka. In aka matsar da ta barkono akwai wuri."

Ka ji hukunci. Tunda ba ka san wacce ce tamu ba, huɗun namu ne. Ba za a fasa ko ɗaya ba.

Na karanta abin da ka ce a kan aikinka, kuma ban ɗauke shi wasa ba. Na san tsanin da ka hau. Amma mutumin da ya yi randuna uku har suka ruɗe shi kansa, zai iya yin uku na farar ƙasa da za su ruɗi darakta, ya kwaikwayi kowane ɗigon laka, tunda sana'arsa ke nan. Ƙara kuma, ku da kuke kaɗa faranti ku ce tsawa ce, ku nemo ta. Idan daraktanka yana son jini ya yi magana, ka ce masa jinin ya yi magana daga Dokgol, kuma cewa ya yi a'a.

Rediyo ta ce sanyi yana gangarowa daga arewa. Na ba ka zuwa Asabar, jajibirin Lahadi ta farko ta Zuwan Almasihu. Kafin a buga ƙararrawar yamma ina son in ga mota a ƙofar gida da randuna huɗu a naɗe cikin tabarmar kara, da lakarsu, mu za mu wanke. Idan ƙanƙara ta riga Asabar sauka, ka tsaya a gabansu da jikinka har in iso.

Idan Asabar ta wuce ban ga mota ba, ranar Lahadi bayan Mas zan hau motar mijin Susana, ya riga ya yarda. Inna za ta zauna a gaba. A baya akwai matan ƙungiyar rosari, masu addu'ar carbi, su tara, mafi ƙanƙantarsu ta aurar da jika, kuma tun da suka ji labarin suke gugar rigunansu. Za mu hau dutsen nan naka, mu shiga ƙauyen da ka gina, in zaunar da Inna a tsakiyar randunan, sauran su kewaye ta su fara addu'ar shahidai, mai tsawon, wadda ake kiran suna ɗaya bayan ɗaya. Daga nan daraktanka ya kunna fitilunsa ya ce wa sojojinsa su ɗaga guduma.

Ka tanadi kujera mai majingina da bargo. Inna ta ce ba za ta tashi ba sai an gama loda su.

Yayarka,
Bang Gum-rye Agata